Kafin ka cire yaron daga ƙungiyar ƙauyen

Ɗana, saƙonka ya iso tun daren Talata. Na karanta shi sau biyu, na karanta wa Hajiya sau ɗaya, ta yi dariya har ta riƙe ciki, ni kuwa dariyar tawa ba ta yi nisa ba. Ka ce abokina, wanda na bari yana rarrafe, yanzu shekararsa goma sha biyu, kuma ba ya rabuwa da sandar harlin, wasan gargajiyar mutanen Ailan, ko gado zai hau. Ka ce kana son ka cire shi daga ƙungiyar ƙauyen da kuke zaune ka kai shi babbar ƙungiya a cikin garin Kilkenny inda ake cin kofi, amma tun ranar da ka furta haka maƙwabcin da ke kai shi atisaye ya daina sakar maka fuska. Kana tambaya wace irin al'ada ce wannan, kuma tunda wasan ba a biyan ko kwabo, ba gara ka mayar da shi ƙwallon ƙafa ba?

To, zauna ka ji. Kakanka, Allah ya jiƙansa, yakan ce baƙo makaho ne ko da idonsa biyu. Ni ma makahon ne lokacin da na sauka Dublin karatu a 1981. A gidan wata tsohuwa na kama ɗaki, kuma ranar Lahadin farko ta watan Satumba na 1982 ta kira ni falo, ta ce in zo in ga abin da ba a yi a ƙasarmu. Ina duba talabijin sai ga maza talatin a fili, sha biyar-sha biyar, kowa da sanda mai faɗin kai kamar muciya, suna dukan wata 'yar ƙwallo mai tauri da ba ta kai dunƙulen hannu ba. Yawancinsu kai a buɗe, domin hular kwano sai a 2010 aka wajabta wa kowa. Na ce mata wannan ai yaƙi ne. Ta ce in yi shiru in kalli dogon nan da ke tsare bakin gidan Kilkenny. Da aka tashi sun lallasa gundumar Cork, dogon nan ne ya hau matakala ya ɗaga kofin ƙasa na Liam MacCarthy, domin shi ne kyaftin. Tsohuwar ta ce mini malamin firamare ne, gobe ko jibi yana aji riƙe da alli. Ban yarda ba sai da na tambayi wasu. Ranar na fara jin sunan Brian Cody.

Shi wannan mutum an haife shi a 1954. Ƙungiyarsa James Stephens ce, ta cikin garin Kilkenny, wadda mutanen wurin ke kira da sunan da ke nufin ƙauye, kuma mahaifinsa ya daɗe yana shugabantarta. Ya yi makarantar St Kieran's, wadda in ka bi ta ƙofarta da safe za ka ga yara da sanda a hannu ɗaya, jaka a ɗaya. Ya ci kofin ƙasa da gundumarsa a fili a 1975, da 1982, da 1983, ya kuma ci na ƙungiyoyi da James Stephens a 1976 da 1982. Amma kada ka ɗauka hanyar a share take. A 1978 an ɗauke shi daga baya inda ya saba aka kai shi gaba, Cork ta doke su a wasan ƙarshe, da suka dawo gida wasu 'yan garinsu suka yi masa ihu a bainar jama'a. Da irin yaranku na yanzu ne, washegari ya haɗa kaya ya nemi inda ake yabonsa. Shi bai je ko'ina ba. Ina ma zai je? A wasan nan mutum ba ya sayar da rigarsa. Shekara huɗu bayan ihun, garin nan ne dai ya fito tarbarsa da kofi a hannu.

Abin da ya tuna mini ke nan da damben kaka a garinmu muna yara. In an gama girbi aka kafa fage, ɗan damben da ya naɗa zare a hannu ba sunansa kaɗai ya ɗauko ba, sunan gari ne a kansa. In ya kashe abokin karawarsa mu duka muka yi kisa, in aka kashe shi mu duka muka sha ƙasa, kuma da safe ka same shi a rumfar fawa yana yanka nama kamar ba shi ba. Kakarka takan ce kowane tsuntsu kukan gidansu yake yi. Su mutanen Ailan sun ɗauki wannan sun mayar da shi doka. Hukumar wasanninsu ta GAA, wadda aka kafa a garin Thurles a 1884, a kan yankin coci ta gina ƙungiyoyinta, kuma Kilkenny na cikin wuraren da ke riƙe da wannan da ƙarfi: inda kake zaune nan za ka buga, sauya ƙungiya sai da dalili da yardar hukumar gunduma. Daga waɗannan ƙananan ƙungiyoyi ake tsamo gwanaye a haɗa tawagar gunduma. Saboda haka ƙauye ba ya rasa ɗansa don ya yi fice, sai dai ya ƙara samun abin tinƙaho.

A ƙarshen 1998 aka ba Cody horar da tawagar Kilkenny, lokacin ni ma aiki ya riga ya kai ni garin. Shekarar farko Cork ta doke shi a wasan ƙarshe da maki ɗaya tak. Daga nan kuma sai abin ya zama kamar ruwan Agusta: 2000, 2002, 2003, sannan huɗu a jere daga 2006 zuwa 2009, sai 2011, 2012, 2014, 2015. Kofi goma sha ɗaya. Ba mutum ne mai sauƙi ba, ba zan ɓoye maka ba. A filin Nowlan Park in ana atisaye sai ya bar usur a aljihu, ya bar su su gwabza har wanda zai tsaya ya tsaya. Ba ya duba suna. A 2003 kyaftin ɗinsu kansa, Charlie Carter, ya gaji da zaman benci ya bar tawagar ana tsakiyar gasa, suka je suka ɗauko kofin ba shi. Har yau akwai masu ganin an yi masa rashin adalci, kuma ni ma a lokacin abin ya sosa mini rai. Sai dai ban taɓa jin an ce ya fifita wani don ɗan wane ne ba.

Ranar da nake son in ba ka labarinta ita ce 6 ga Satumba, 2009. Ba na mantawa domin muna tsakiyar azumi. Maƙwabcina wani dattijo ne manomi, mai kiwon shanu, wanda ya shekara arba'in yana yanke ciyawar filin ƙungiyarsu kyauta. Tikitin wasan ƙarshe ta hannun ƙungiyoyi ake raba shi, kuma samunsa sai mai rabo. Ya samu biyu, matarsa ƙafa ta hana ta tafiya, sai ya buga mini ƙofa ya ce in shirya. Na ce ina azumi. Ya ce ai ido ba ya azumin kallon wasa ko? Muka kama hanyar Dublin da safe, kowace mota da tuta baƙi da ruwan ɗorawa tana kaɗawa ta taga.

Filin Croke Park na Dublin na cin mutum fiye da dubu 82, kuma ranar babu masaka tsinke. Abin da ya fara ba ni mamaki, ba a raba magoya baya. Wanda ke hannun damana ɗan Tipperary ne, gundumar da Kilkenny ke karawa da ita, da rigarsa shuɗiya, ya miƙo mini alewa, dattijon ya amsa a madadina ya ce wannan sai rana ta faɗi. Shugabar ƙasa ta sauko ta gaisa da 'yan wasa ɗaya bayan ɗaya, aka yi jerin gwano a bayan masu badujala, aka yi taken ƙasa, aka jefa ƙwallo. Ka san lissafinsu: in ta bi ta saman sandar raga maki ɗaya, in ta shiga raga maki uku. Tipperary yara ne masu jini a jika, suka hana Kilkenny sakat. Ba don golan Kilkenny ba, P.J. Ryan, da tun farkon zagaye na biyu an gama magana. Akwai wadda ya kaɗe da bakin sanda har yau ban san yadda idonsa ya gan ta ba. Aka ba wani ɗan Tipperary jan kati saboda ya kai wa Tommy Walsh sanda, amma duk da haka da mutum sha huɗu suna gaba. Dattijon nan ya cire hularsa yana murɗa ta kamar mai matse wanki. Ni kuwa maƙogwarona ya bushe ƙamas, ga azumi ga ihu.

Can ƙasa a bakin layi ga Cody da 'yar hularsa mai baki, yana tofa yawu a tafin hannu yana murzawa, yadda manomi ke yi kafin ya kama fartanya. Saura kamar minti bakwai alƙalin wasa ya ba Kilkenny fenariti, wanda mutanen Tipperary har gobe ba su yarda da shi ba. Henry Shefflin ya zo, mutum uku a tsaye cikin raga, ya ɗaga ta da sanda ya sheme, raga ta girgiza. Kafin mu zauna Martin Comerford, wanda bai daɗe da shigowa daga benci ba, ya ƙara ta biyu. Aka tashi 28 da 23. Huɗu a jere, abin da tun Cork ta 1941 zuwa 1944 ba wanda ya yi. Ɗan Tipperary ɗin nan idonsa jawur, ya juyo ya ba dattijon hannu, ya ba ni. Kyaftin ya karɓi kofi, ya fara jawabi da harshensu na gado, ya sa duk filin ya yi wa waɗanda aka doke jinjina sau uku. Kuma ka sani, mutanen da suka tara wannan jama'a ba wanda ya koma gida da albashin wasa: Shefflin ma'aikacin banki ne, Eoin Larkin soja, Eddie Brennan ɗan sanda, kocinsu malamin makaranta. Rigarsu ma lamba ce kawai a baya, babu suna.

A hanyar dawowa, mun kusa Carlow, sai na ga dattijon yana ta duban agogo. Can ya gangara gefen titi ya kashe mota, ya buɗe but ya fito da fulas ɗin shayi da burodi da dafaffen ƙwai. Ya ce matarsa ce ta haɗa, ta kuma tabbatar ba abin da ya taɓa naman alade. Sai a lokacin na lura ashe shi ma tun safe bai sa komai a bakinsa a gabana ba. Na sha ruwa, na shimfiɗa rigar sanyina a kan ciyawa na yi magariba, shi yana tsaye ya ba ni baya yana kallon motoci suna wucewa suna ta hon. Da ya rasu bayan wasu shekaru, rigar ƙungiyarsu aka shimfiɗa a kan akwatin, yara da manya suka jeru layi biyu a bakin hanya, har da jikokin waɗanda ya koya wa riƙon sanda.

Yanzu ka gane abin da ya taɓa maƙwabcinka? Mutumin nan man motarsa yake ƙonawa, yammacinsa yake bayarwa, ba don ana biyansa ba. A ransa yaronka ya riga ya zama ɗan ƙauyen. Kai kuma ka zo ka ce masa za ka kai shi inda ya fi. Ku 'yan yanzu komai sai kun ɗora shi a sikeli kun ga nawa zai kawo, har wasan yara. Ba laifinka ba ne kai kaɗai, waya ta cika muku ido da albashin 'yan ƙwallon Ingila, ba ta nuna muku dubban da aka sallama suna da shekara goma sha takwas ba.

Ni ma ina da tawa nadamar. Yayanka ya so wasan nan yana ƙarami, na hana, na ce karatu ya kawo mu, na kuma ji tsoron haƙoransa da abin da ake sha bayan wasa. Karatun ya yi, alhamdu lillahi, amma ya tashi a garin ya bar shi ba shi da wanda zai kira aboki. Tsoron nawa ba na banza ba ne, kai ma ka riƙe shi: ka san wanda yake tafiya da shi, kada wasan safiyar Lahadi ya cinye masa islamiyya, kada ya wuce lokacin salla don yana fili. Waɗannan a hannunka suke, ba a hannun koci ba.

Shi Cody, a 2010 Tipperary ta rama, Lar Corbett ya zura uku ya hana su na biyar. Bayan 2015 kofin bai sake dawowa hannunsa ba. A watan Yulin 2022 Limerick ta doke shi da maki biyu a wasan ƙarshe, bayan 'yan kwanaki ya ajiye aikin, shekara ashirin da huɗu ke nan. Kafin shekarar ta ƙare an gan shi a bakin layin James Stephens, ƙungiyar da ya fara tun yana yaro, yana taimakawa da horo.

Maganar ƙwallon ƙafa kuwa, ka tambayi yaron tukuna, ban ga inda ka ce ka tambaye shi ba. Ranar Asabar ka bar aikin nan na ƙarin lokaci, ka bi su filin, ka tsaya a cikin ruwan saman tare da sauran iyaye har a tashi. In Hajiyar gidanka ta yi dambun nama, a ɗiba a kai wa maƙwabcin. Ka kuma turo mini hoton abokina da sandarsa, in ga ko ta itacen ash ce ko irin ta gora da aka fara yi tun da cuta ta kama itatuwan.

Ka gaida mutan gidan duka.

Baffanka.