Tambaya da Amsa: Amurka a Zamanin Yaƙin Cacar Baka

Tambaya: Malam, me ya sa Amurka ta riƙa tsoma baki cikin harkokin ƙasashe masu nisa bayan Yaƙin Duniya na Biyu?

Amsa: Tushen lamarin shi ne fargabar yaɗuwar kwaminisanci daga Tarayyar Sobiyet. A watan Maris na 1947 Shugaba Truman ya tsaya gaban majalisar dokoki yana neman dala miliyan 400 domin tallafa wa Girka da Turkiyya, daga nan kuma manufar daƙile Sobiyet ta kankama. A 1948 Shirin Marshall ya fara aiki, aka zuba kusan dala biliyan 13 wajen farfaɗo da Yammacin Turai da yaƙi ya ɗaiɗaita, sannan aka kafa ƙungiyar tsaro ta NATO a 1949.

Sai dai abin da ya fi damuna shi ne yadda wannan fargaba ta sa aka take haƙƙin wasu al'ummomi. A 1953 hukumar leƙen asirin CIA ta haɗa baki da Birtaniya suka kifar da gwamnatin Firaminista Musaddiƙ na Iran, wanda ya mayar da man fetur ɗin ƙasarsa hannun gwamnati, kuma har yau Iraniyawa ba su manta ba.