Me ya hana Hausawan Sudan dawowa gida?

Ɗan'uwa, ka tambaya me ya hana mu tattara komatsanmu mu dawo gida tun da yaƙi ya ɓarke ranar 15 ga Afrilun 2023. Na san tausayi ne ya sa ka tambaya, Allah ya saka da alheri. Sai dai kakanninmu sun yo gabas tun bayan yaƙin Burmi na 1903, wasu tare da Muhammadu Bello Mai Wurno, ɗan Sarkin Musulmi Attahiru, wasu kuma maniyyata ne da guzuri ya ƙare musu a hanyar Makka. Garin Mai Wurno yana nan bakin kogi kusa da Sannar. A ƙasar nan gonakinmu suke, da kaburburan iyayenmu, kuma da yawan 'ya'yanmu Larabci ya fi zama a bakinsu.

Ku labarin bama-bamai ke isa kunnenku, amma ba su kaɗai ke kisa ba. Da dakarun RSF, rundunar da ke yaƙi da sojojin gwamnatin Sudan, suka kama birnin Wad Madani a Disambar 2023, suka shiga garin Sinja a Yunin 2024, mai ciwon ƙoda ya rasa inda za a wanke masa jini, mai ciwon suga ya rasa allurarsa, tsofaffi suka yi ta tafiyar ƙasa da ƙishirwa. Kwalara kuma ta biyo damina. Fiye da mutum miliyan 10 sun bar muhallinsu.

Ka kuma tambayi yadda muke ci. Al'adar nan ita ce magidanci ya fito da tiren abincinsa ƙofar gida, a shimfiɗa tabarma, maƙwabta da ɗan hanya kowa ya sa hannu. Da yunwa ta matso, wannan ɗabi'a ce ta raya abin da muke kira takiyya: a ɗora babbar tukunyar wake a harabar masallaci ko makaranta, yara su jeru da robobinsu. Kuɗin yakan zo daga 'yan'uwa mazauna Saudiyya da sauran ƙasashe ta Bankak, manhajar tura kuɗi ta waya. Shi ya sa da aka katse intanet a Fabrairun 2024, tukwane da yawa suka sauka daga murhu.

A layin takiyya ba a tambayar mutum ƙabilarsa, kuma mu mun fi kowa riƙe wannan, don a rikicin ƙasar noma na 2022 a yankin Damazin da Rusairis an kashe namu, dubbai suka yi gudun hijira.

In da hali, ɗan'uwa, ku haɗa abin da ya sawwaƙa ku aika wa masu takiyya ta hannun wanda kuka amince da shi, ku kuma sa mu a alƙunutu.