Me ya sa mutane suke gudun kyauta a finafinan da ba a magana?

Tambaya: Assalamu alaikum, Baba. Ƙanena ya turo mini wani tsohon fim na barkwanci a waya, irin wanda ba a magana. Baƙo ya shigo ƙauye zai yi wa mutane aiki ba ko kwabo, sai kowa ya ruga gida yana rufe ƙofa. Na tuna kakana, wanda har ya rasu bai taɓa zuwa kallon majigi ba, duk da kyauta ake nuna shi. Ashe Turawa ma suna da wannan hali?
Mai karatu daga Ringim

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗana. Suna da shi, kuma ruwa ba ya tsami banza. A ƙarshen ƙarni na 19 masu tallar magani kan zaga ƙauyukan Amurka a keken doki. Su kafa dandamali, a yi kiɗa da wasa kyauta, sai taro ya cika a fito da kwalaben maganin da wai yana warkar da komai, alhali wani barasa ce ta fi yawa a ciki. Sai a 1906 doka ta tilasta a rubuta irin wannan a jikin kwalba. Waɗanda aka cuta ɗin da 'ya'yansu su ne 'yan kallon finafinan nan, shi ya sa dariyar ke kama su tun baƙon bai ajiye jakarsa ba.

Nemi fim ɗin Charlie Chaplin na 1921, The Kid. Yaro ya jefi taga da dutse ya arce, sai ga Chaplin da gilashi goye a baya kamar an aiko shi, matar gida har tana murna ta sami mai gyara, alhali bakinsa ɗaya da yaron.

Kakanka kuwa ban ga laifinsa ba. Majigi kayan gwamnati ne. Turawan mulki sun kafa sashen finafinansu a 1939, bayan 'yancin kai ma aka ci gaba. Ina yaro a ƙasar Ɗambatta, motar kan iso da la'asar, a ɗaure farin ƙyalle a ƙofar gidan dagaci, a tayar da janareta bayan isha'i. Mu yara mu yi ta birgima a rairayi don dariya, sannan mai lasifika ya shiga bayanin tsabta da takin gyaɗa. Mahaifina yakan ce banza ba ta kai zomo kasuwa, ya ja tabarmarsa can gindin dalbejiya inda haske bai kai ba. Daga nan yake saurare, yana jiran ya ji ko za a ambaci haraji.