Jirgin shaƙatawa a fagen yaƙi: da gaske ne?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Na ji an ce a yaƙin duniya sojojin ruwa sun karɓi jiragen shaƙatawa na attajirai suna sintiri da su. Jirgin da aka ƙera don shan iska, me zai iya yi wa jirgin yaƙi na ƙarƙashin ruwa?

Amsa: Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Gaskiya ne, kuma dalilin bai wuce abin da Hausawa ke cewa ba, a rashin uwa akan yi uwar ɗaki.

Lokacin da Amurka ta shiga Yaƙin Duniya na Ɗaya a Afrilun 1917, jiragen ƙarƙashin ruwa na Jamus suna ta nutsar da jiragen kaya, ga shi jiragen rakiya ba su wadatar ba, ƙera sababbi kuma sai an ɗauki watanni. Sai gwamnati ta koma kan masu kuɗi, ta sayi wasu jiragen, ta yi hayar wasu. Cikinsu har da Corsair na J. P. Morgan ƙarami, babban mai banki na New York. Ana kwashe kayan alatu, a shafa fenti ruwan toka, a kafa igwa a gaba da baya, a jera bama-bamai masu fashewa a cikin zurfin ruwa a ƙarshen jirgin. Ɗakunan da manyan baƙi ke kwana su koma makwancin kurata. Daga tsakiyar 1917 aka girke su a tashar Brest ta Faransa.

Asirin yana wajen abokin gaba. Jirgin ƙarƙashin ruwa na wancan zamani yawancin tafiyarsa a saman ruwa yake yi da injin dizal. Da ya nutse, batir ne ke jansa, gudunsa ya ragu ƙwarai, cajin ma ba ya daɗewa. Jikinsa kuma ba ya jure harbi: rami ɗaya ya isa ya hana shi sake nutsewa. Don haka ko ƙaramin jirgi ne, muddin yana da igwa, ganinsa kaɗai kan sa jirgin ƙarƙashin ruwan ya lume, kafin ya taso ayarin jiragen kaya ya yi nisa. A ganina nan ne amfaninsu yake, sai kuma ceton rai. A Oktoban 1917, da aka nutsar da jirgin jigilar soja Antilles, Corsair da wani jirgin shaƙatawar mai suna Alcedo ne suka tsamo waɗanda suka tsira.

Ba kasafai suke yi wa maƙiyi illa ba, amma ta taɓa faruwa. A Mayun 1918 Christabel, tsohon jirgi ƙirar 1893, ya jefa wa jirgin ƙarƙashin ruwa na Jamus mai lamba UC-56 bama-bamai, har dole ya lallaɓa zuwa Santander ta Sifaniya, inda aka tsare shi.

Sai dai an ji jiki. Jiragen nan ba su da sulke, ba a kuma ƙera su don igiyar ruwan hunturu a Tekun Atlantika ba. Alcedo ɗin nan, ba a yi wata guda da aikin ceton ba, ranar 5 ga Nuwamba jirgin ƙarƙashin ruwa na Jamus ya harbe shi, ya nutse cikin mintuna, mutum 21 suka mutu.

A Yaƙin Duniya na Biyu Kanada ta maimaita dabarar, da wayo a ciki. A 1940 dokar 'yan-ba-ruwanmu ta Amurka ta hana sayar mata da jiragen da za a yi yaƙi da su, sai aka tura fararen hula 'yan Kanada suka saye su kamar don kansu, daga baya gwamnati ta karɓe, ta raɗa musu sunayen dabbobi. Otter gobara ta cinye shi kusa da Halifax a 1941. Raccoon kuwa yana rakiyar ayari a mashigin St. Lawrence a Satumban 1942 jirgin ƙarƙashin ruwa na Jamus U-165 ya harbe shi, ko mutum ɗaya bai fita ba cikin 37 da ke ciki.