Tambayi Likita: Abin da Farce Ke Nunawa Game da Lafiyar Jiki

Tambaya: Assalamu alaikum Likita. Mahaifina mai shekara 64 yana da baƙin layi a farcen babban yatsansa na hannu, daga gindi har baki. Ya kai shekara biyu, amma a watannin nan sai ƙara faɗi yake, kuma ba ya masa ciwo. Abin damuwa ne?

Amsa: Wa alaikumus salam, Allah ya ƙara wa Baba lafiya. Ku kai shi wurin likitan fata cikin kwanakin nan, kada ku jira sai ya fara ciwo. Baƙin layi a farce abu ne da aka saba gani a jikin masu baƙar fata, amma na lafiya yakan zama siriri, ya fito a farata da yawa, ya shekara da shekaru bai sauya ba. Na Baba farce ɗaya ne, na babban yatsa, ga shi ya manyanta, ga layin yana buɗewa. Wannan ce siffar da ake jin tsoro a kan melanoma, wato sankarar fata da kan ɓuya a ƙarƙashin farce, kuma a farkonta ba ta ciwo ko kaɗan.

Ku duba abubuwan nan kafin ku je. Shin faɗinsa ya wuce milimita 3? Gindin layin ya fi bakinsa faɗi? Baƙin ya tsallaka kan fatar da ke kewaye da farcen? Farcen ya tsage ko yana fitar da jini? Jinin da ya kwanta bayan bugewa dabam yake: yana tafiya gaba tare da girman farce, sai a ga sabon farce tas ya biyo bayansa. Layin da ya shekara biyu yana tasowa daga gindi ba jini ba ne. Tabbaci ba ya samuwa sai an ciri ɗan nama daga saiwar farcen an auna. Kada a kankare shi da reza.

Tambaya: Likita, na yi zazzaɓi mai tsanani wata uku da suka wuce. Yanzu duk faratan hannuna sun yi wani kwari a gicciye, wasu kuma sun lotsa a tsakiya kamar cokali.

Amsa: Sannu Malama. Abu biyu ne kika haɗa. Kwarin tabon zazzaɓin ne: idan ciwo ya yi tsanani, saiwar farce kan dakatar da aiki na ɗan lokaci, sai gurbin ya bayyana bayan makonni. Farcen hannu na tsiro kusan milimita 3 a wata, don haka zai fita da kansa cikin wata shida, ba ya son magani.

Lotsawar ce ke buƙatar bincike. Ki ɗiga ruwa a kan farcen; in ɗigon ya zauna bai gangara ba, akwai yiwuwar ƙarancin sinadarin ƙarfe a jini. A yi miki gwajin yawan jini da na faritin, wato ma'aunin ƙarfen da jiki ya ajiye, sannan a nemo inda jinin ke tsiyayewa: yawan jinin al'ada, gyambon ciki ko tsutsar ciki. In an ba ki ƙwayar ƙarin jini, kada ki sha ta da shayi ko madara, suna hana jiki tsotsarta. Ki ci gaba da sha har wata uku bayan jini ya daidaita; nan ne akasari ake yin sake, a daina da wuri, ciwon ya dawo.

Tambaya: Farcen babban yatsan ƙafata ya yi kauri, ya zama rawaya, yana marmashewa. Na shafa man fata har na gaji.

Amsa: Man ba ya ratsa farce, shi ya sa. Galibi fangas ne, dangin ƙwayar cutar da ke kawo makero. Amma a fara kankarar ɗan farcen a auna, domin takalmi mai matsi da wasu cututtukan fata ma suna kaurara farce. In an tabbatar, likita kan rubuta ƙwayar tarbinafin miligiram 250 sau ɗaya kullum, mako 12 ga farcen ƙafa, mako 6 ga na hannu, bayan an duba lafiyar hanta. Kada ka ce magani bai yi ba don ka gama sha farcen na nan rawaya. Sabon farcen ƙafa sai ya ɗauki wata 12 zuwa 18 kafin ya cika. Ka riƙa tsane tsakanin yatsu, ka sauya safa kullum. Mai ciwon suga kuwa kada ya yanke farce mai kauri da kansa, ƙaramin rauni a ƙafarsa kan zama gyambo.

Tambaya: Gaskiya ne fararen ɗige-ɗige a farce alamar ƙarancin kalsiyam ce?

Amsa: A'a. Yawancinsu ƙananan bugewa ne da saiwar farce ta samu aka manta. Farin da ke da magana shi ne wanda ya mamaye duk faratan, ya bar siririn ja a baki. Ana ganinsa a ciwon hanta da na zuciya. In rabin gindi fari ne, rabin baki jaja-jaja ko ruwan ƙasa, a auna ƙoda. Ga gwaji ɗaya na gida: ka haɗa bayan faratan manuniya biyu, za ka ga ɗan haske tsakanin gindinsu. In babu hasken, kuma kawunan yatsu sun kumbura sun yi gululu, a ɗauki hoton ƙirji. Farce ya koma shuɗi tare da haki kuwa, asibiti ne nan take.