Masu rubuta finafinan jarumai masu sulke na Japan: yaya sana'ar take?

Tambaya: Assalamu alaikum. Tun muna yara muke kallon Power Rangers, daga baya na ji an ce asalinsa daga Japan ne. Su wa ke rubuta irin waɗannan shirye-shirye a can, kuma ta ina ake shiga sana'ar?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Abin da ka ji gaskiya ne. A 1993 Amurkawa suka ɗebo faɗace-faɗacen shirin Zyuranger na kamfanin Toei na Japan, suka haɗa da 'yan wasansu. A Japan ana kiran wannan fanni tokusatsu, kuma manyan jerin shirye-shiryensa uku ne: Ultraman na kamfanin Tsuburaya tun 1966, sai Kamen Rider tun 1971 da Super Sentai tun 1975, duka biyun na Toei.

Ba a fara sana'ar da riƙe shiri sukutum. Sabon marubuci kashi ɗaya ake ba shi a tsakiyar shekara, a ga kamun ludayinsa. Yasuko Kobayashi ma'aikaciyar ofis ce da ta aika wa Toei rubutunta; an ba ta kashinta na farko a shirin Janperson a 1993, ba ta zama babbar marubuciya ba sai a shirin Gingaman a 1998. Toshiki Inoue kuwa ɗan gado ne, mahaifinsa Masaru Igami shi ne babban marubucin Kamen Rider na farko.

Wahalar tana wuyan babban marubuci. Shirin Toei kan ɗauki shekara guda, kashi kusan 50, kowanne bai kai minti 25 ba in an cire talla. Tun kafin ya ɗora alƙalami, furodusa da kamfanin kayan wasan yara na Bandai sun riga sun tsayar da siffar jarumi, da ɗamarar da yake rikiɗa da ita, da lokacin da sabon makami ko mutum-mutumi zai shiga kasuwa. Dole labarin ya kawo wannan makami a daidai lokacin, kuma da dalili mai ƙarfi. A nan ake bambance gwani da ɗan koyo: ɗan koyo sai kawai ya jefo makamin daga sama, yaro ma ya gane talla ce, gwani kuwa tun makonni da suka wuce ya fara kai jarumin bango, har mai kallo ya ƙosa makamin ya zo.

Faɗan kansa ba a cika tsawaita shi a takarda ba. Marubuci ya nuna wanda ya yi nasara da abin da aka faɗa, sauran na daraktan faɗa ne. Sannan ɗinka kayan dodo na cin kuɗi, shi ya sa a Kamen Rider na bayan 2000 aka daɗe ana raba labarin dodo ɗaya zuwa kashi biyu.

Tsautsayi kuma yakan rusa tsari. A 1971 Hiroshi Fujioka, jarumin Kamen Rider, ya karye a hatsarin babur ana tsakiyar ɗauka. Ba a kashe shi a labarin ba, aka ce ya bi abokan gaba zuwa ƙasar waje, aka shigo da jarumi na biyu daga kashi na 14. Shi ya sa furodusoshi ke riƙe marubucin da zai iya sake rubutu cikin 'yan kwanaki ba tare da zaren labarin ya tsinke ba.