Za mu haɗa kuɗi mu sayi gona: amana kaɗai ta isa?

Tambaya: Ni ɗan kasuwar hatsi ne. Mu ashirin da muke karatu a wurin malami ɗaya muna son haɗa kuɗi mu sayi babbar gona, malam ya riƙe mana. Mun yarda da juna, ko sai mun yi rubutu?

Amsa: Alhaji, ku yi rubutu. Akwai waɗanda suka riga ku bin wannan hanya, kuma labarinsu zai amfane ku.

A 1924 wasu Yahudawa masu riƙon addini daga Poland, almajiran malaminsu Yehezkel Taub, suka tara kuɗi suka sayi fili kusa da Haifa, lokacin Falasɗinu tana hannun Turawan Ingila. Wurin ne ya zama ƙauyen Kfar Hasidim. Yawancinsu 'yan birni ne, 'yan tireda da masu sana'ar hannu, ba su san noma ba. Filin fadama ne a gefen kogin Kishon, ruwa yana kwanciya, zazzaɓin sauro ya yi ta kayar da su. Sun dogara da kuɗin da 'yan'uwa za su riƙa aikowa daga gida, sai tattalin arzikin Poland ya taɓarɓare, aike ya tsaya. Dole asusun sayen ƙasa na Yahudawa ya karɓi filin kafin ƙauyen ya tsira, wasu da suka biya kuɗin fili ba su samu ba. Ba su rasa amana ko ibada ba. Lissafi suka rasa.

Don haka kada ku biya kuɗin gona sai kun gan ta a watan Agusta, ruwa na tsakiyar zuba. Filin da ya yi kyau da rani yana iya zama tafki da damina. Ku bincika wa ke nomansa yanzu, ko akwai magada, ko burtali ya ratsa shi.

Abin da ya fi damuna shi ne jarin aiki. A ganina kada kuɗin fili ya wuce rabin abin da kuka tara. Sauran na iri ne da taki da leburori da rumbu, har damina biyu, domin sabuwar gona ba kasafai take mayar da kuɗi a shekarar farko ba. Alƙawarin "zan kawo nawa bayan Sallah" kada ya shiga lissafi sai ya shiga asusu.

Ku yi wa ƙungiyar rajista, takardar fili ta fito da sunanta, cire kuɗi sai da sa hannun mutum uku. Wannan kariya ce ga malam kansa, don in asara ta zo shi za a fara zargi. Ku rubuta kason kowa, da yadda mai son fita zai sayar da nasa, da abin da magada za su samu. Sannan ku ɗauki gogaggen manomi a kan albashi, ya tare a gonar.